Amos Gitai: Mai Zanen Gini da Ya Bi Labarin Gida Ɗaya

Yawancinmu mun san Dutsen Karmel daga labarin annabi Iliya. A gindin dutsen nan birnin Haifa yake, inda aka haifi Amos Gitai a shekara ta 1950. Ubansa, Munio Weinraub, mai zanen gine-gine ne wanda ya yi koyo a makarantar Bauhaus ta Jamus. Da mutanen Hitila suka kama mulki a 1933 aka kore shi, domin shi Bayahude ne. Amos ya bi sana'ar uban.

Yana cikin karatu yaƙin 1973 ya ɓarke, aka sa shi cikin masu ɗauko waɗanda suka yi rauni. Ran 11 ga Oktoba, ranar da ya cika shekara 23, sojojin Suriya suka harbo jirginsu mai saukar ungulu. Ya tsira da ransa. Ya ƙarasa karatun zanen gini har digirin dakta a Berkeley ta Amurka, amma zuciyarsa ta riga ta koma wajen ɗaukar fim.

A 1980 ya yi fim mai suna Bayit, wato Gida. Gidan dutse ne guda ɗaya a yammacin Urushalima. Wani likita Bafalasɗine ne mai shi, ya bar shi cikin yaƙin 1948. Gwamnati ta karɓe, ta ba Yahudawa da suka zo daga Aljeriya haya. Daga baya wani malamin jami'a ya saya, yana ƙara masa bene. Su wa ke fasa dutse suna ɗora ginin? Leburori Falasɗinawa daga Yammacin Kogin Urdun. Gitai bai yi wa kowa huɗuba ba. Ya bar kowa ya faɗi abin da gidan yake a gare shi. A ganinmu nan koyon da ya yi ya amfane shi, gama mai zanen gini ya saba tambaya: filin na wa ne, wa ya biya, wa ya yi gumi, wa zai kwana ciki?

Gidan talabijin na Isra'ila, wanda ya ba shi aikin, ya ƙi nuna fim ɗin. Wani fim da ya yi a 1982 kan yankunan da soja suka mamaye ya ƙara jawo masa baƙin jini, sai ya ƙaura zuwa Paris wajen shekara goma. Ya komo gida a 1993.

Ya yi manyan finafinai daga baya, kamar Kippur a 2000, kan yaƙin da ya kusa cin ransa. Duk da haka bai rabu da gidan nan ba. Ya koma da kyamara a 1998, ya sāke komawa wajen 2005, yana neman 'ya'yan likitan da maginan da maƙwabta. A 2023 ya mai da labarin wasan kwaikwayo a Paris, inda 'yan wasa suka yi magana da Ibrananci da Larabci da waɗansu harsuna a dandali ɗaya.