KARAYAR WUYAN HANNU GA YARA: ME LIKITA KE RUBUTAWA A KATI?

Jama'a, lokacin mangwaro lokacin karaya ne. Yaro zai hau bishiya, reshe ya karye, ya faɗo ya dafa ƙasa da tafin hannu. Wani daga kan jaki zai faɗo, wani daga kan keke. Kafin a ce me, wuyan hannu ya kumbura. Sau da yawa sai a ce ai targaɗe ne, a ja hannun, a shafa man zafi. To, a wannan wata za mu yi bayani a kan wannan karaya. Za mu faɗi abin da ke sa ta jinkirin warkewa, da kuma amfanin rubutun da ake yi a katin asibiti.

Ƙashin yaro ba irin na babba ba ne

Tsakanin gwiwar hannu da wuyan hannu akwai ƙasusuwa biyu a jere. Ɗaya yana ɓangaren babban yatsa, ɗaya yana ɓangaren ƙaramin yatsa. A kusa da ƙarshen kowane ƙashi na yaro akwai wani siririn guringuntsi. Daga nan ne ƙashi ke ƙara tsawo, kamar yadda dawa ke ƙara tsawo daga kanta. Bari mu kira wannan wuri matsirar ƙashi.

Matsirar ƙashi ta fi sauran ƙashin taushi. Don haka faɗuwar da za ta jawo wa babba targaɗe, yaro karaya take jawo masa. Ƙashin da ke ɓangaren babban yatsa kuwa, wajen kashi uku cikin huɗu na tsawonsa daga matsirar wuyan hannu yake fitowa. In ta lalace, ƙashin yana iya daina girma, ɗan'uwansa kuma ya ci gaba. Sai hannu ya karkace a hankali. Matsirar ba ta rufewa sai yaro ya kai shekara 16 zuwa 18. Ta 'yan mata takan riga ta maza rufewa.

Karaya iri biyar

A shekarar 1963 wasu likitocin ƙashi biyu na ƙasar Kanada, Salter da Harris, suka kasa wannan karaya gida biyar. Har yau da lissafinsu likitoci ke aiki.

Ta 1: ƙashi ya rabu daidai kan matsira.
Ta 2: ya rabu kan matsira, ya kuma ɓalle ɗan guntu daga jikin dogon ƙashin. Wannan ita ta fi yawa.
Ta 3: tsagar ta bi matsira ta shiga cikin gaɓa.
Ta 4: tsagar ta ratsa dogon ƙashi da matsira da gaɓa gaba ɗaya.
Ta 5: matsirar ta murƙushe.

Ta 1 da ta 2 sukan warke lafiya da filasta. Ta 3 da ta 4 sau da yawa sai an yi aiki. Ido ba ya bambance su, lalube da hannu ma ba ya bambance su. Sai an ɗauki hoton ƙashi.

Me ya sa wata karaya ke jinkiri?

Ƙashin yaro yana saurin kamawa. Irin wannan karaya takan haɗe cikin mako 4 zuwa 6. In lokaci ya wuce sosai, hoto kuma ya nuna ba ta gama haɗewa ba, likita zai ce ta yi jinkiri. Ga abubuwan da kan jawo haka:

1. Motsi. In an cire ɗori da wuri, ko yaro ya koma kokawa da ɗaukar kaya.
2. Ƙwayoyin cuta. Musamman in ƙashi ya huda fata, ko an yi tsaga a wurin.
3. Rashin abinci mai gina jiki, kamar wake, gyaɗa, ƙwai, kifi da nono.
4. Yawan taɓawa. Yau a kwance a ja, jibi a sake kwancewa a murza.

Ku lura da wannan na huɗu. Bayan mako ɗaya zuwa kwana 10 da faɗuwa, likitoci ba su son sake jan ƙashin don a daidaita shi, domin jan yana iya kashe matsirar. Shi ya sa ake so a kai yaro asibiti tun ranar farko. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Lambar cuta

Kamar yadda kowace mota ke da lamba, haka kowace cuta ke da tata. Hukumar Lafiya ta Duniya ce ke tsara littafin waɗannan lambobi, ana kiransa ICD. Bugu na 10 ya fara aiki a 1994, na 11 kuma a Janairun 2022. Ƙasashe da yawa suna nan suna aiki da na 10. Ma'aikatan ɗakin kati su ke duba abin da likita ya rubuta, su sa masa lambar da ta dace.

A bugu na 10, S52 na nufin karaya tsakanin gwiwar hannu da wuyan hannu. S52.5 na nufin ƙashin ɓangaren babban yatsa ne ya karye kusa da wuyan hannu. M84.2 kuma na nufin karaya ta yi jinkirin haɗewa.

Amurka ta ƙara wa nata littafin bayani, ta fara aiki da shi a Oktoban 2015. Dubi wannan lamba tasu: S59.221G. S59.2 ta ce matsirar wannan ƙashi ce ta karye a wuyan hannu. 2 ta gaba ta ce karaya iri ta biyu ce. 1 ta ce hannun dama ne. Harafin G ya ce yaro ya dawo asibiti kuma warkewa ta yi jinkiri. Da A aka sa, ana cikin jiyyar farko ke nan. Da D ne, yana warkewa daidai. K na nufin ƙashi ya ƙi haɗewa, P kuma ya haɗe a karkace.

Kun gani? Lamba ɗaya ta faɗi wane ƙashi, wane wuri, wane iri, wane hannu, da halin da ake ciki. Ba sai kun haddace lambobin ba. Amma waɗannan abubuwa biyar su ne ya kamata ku tambayi likita, ku kuma tabbata an rubuta su. In an tura ku babban asibiti, kamar Asibitin Ƙashi na Dala a Kano, rubutun nan ne zai yi magana kafin ku buɗe baki.

Abin da iyaye za su yi

Masu ɗorin gargajiya mutanenmu ne, sun daɗe suna taimakon jama'a. Amma ba su da hoton da za su ga matsira. Babban haɗari kuma shi ne ɗaurin karare da ya yi tsanani. Hannu na kumbura, ɗauri na tare jini. Cikin 'yan awoyi nama yana iya fara mutuwa, har ta kai ga yanke hannu.

Ko ɗorin gida ne, ko filastar asibiti ce, ku duba yatsun yaro dare da rana. In sun kumbura, ko sun yi sanyi, ko sun canza launi, ko ba ya jin taɓi, ko zafi na ƙaruwa in an miƙe su, kada ku jira gari ya waye. Ku sassauta ɗaurin gida, ku nufi asibiti.

Ku rubuta ranar da yaro ya faɗi a littafinku. Ku adana kati da hoton ƙashi cikin leda, nesa da ruwa da gara. Ku koma ranar da aka ce ku koma, ko da yaro ya daina kuka. Bayan an cire filasta, ku riƙa gwada hannuwansa biyu har shekara guda ko fiye. In ɗaya ya fara karkacewa, ku koma da katinku.

Ku da kuka shiga ajin yaƙi da jahilci, ga ranar karatunku. Ku karanta wa maƙwabta wannan bayani. Allah Ya tsare mana 'ya'yanmu, amin.