Wa Ke Zaɓar Labarin da Unguwar 'Ya Ke Ji?

A Unguwar 'Ya, ɗaya daga cikin mazaɓun ƙaramar hukumar Birnin Kudu, da sauran garuruwan kudancin Jigawa har zuwa Gwaram, rediyo ce ke fara kai wa mutane labarin duniya. Da an idar da sallar asuba za ka ga an kewaye teburin mai shayi, ƴar rediyo na rataye a jikin ƙusa, an ɗaure eriyarta da waya, kowa ya kasa kunne. In gardama ta kaure aka ce "ai BBC ce ta faɗa", sau da yawa magana ta ƙare. Manomin da ke wurin zai iya zayyana maka halin da ake ciki a Gaza, ya faɗi sunan shugaban Yukiren, amma da wuya ya san nawa aka ware wa asibitin mazaɓarsa a kasafin bana, ko wa aka ba kwangilar hanyar da yake bi zuwa kasuwa. Wannan giɓi yana nuna inda son zuciyar kafafen labarai ya fi yin ɓarna, wato wajen zaɓen abin da za a faɗa da abin da za a yi shiru a kansa. Ƙarya tsagwaronta takan tonu, amma shiru ba ya barin sawu.

Masana sun daɗe suna rubutu a kan wannan. A 1922 wani ɗan jaridar Amurka, Walter Lippmann, wanda ya yi wa ƙasarsa aikin farfaganda a yaƙin duniya na farko, ya fitar da littafinsa Public Opinion. Hujjarsa ita ce duniya ta fi ƙarfin idon mutum ɗaya, don haka kowa yana yanke hukunci ne a kan siffar da aka zana masa ta abin da bai gani ba. Shekara hamsin bayan haka, a 1972, Maxwell McCombs da Donald Shaw suka wallafa binciken da suka yi a garin Chapel Hill lokacin zaɓen Amurka na 1968. Sun gano cewa batutuwan da masu zaɓe suka ɗauka su ne manya, kusan su ne waɗanda jaridu da talabijin suka fi nanatawa. Edita bai buƙatar ya ce maka zaɓi wane. Ya isa ya sa ka kwana ka tashi kana tunanin abin da ya ga dama.

Littafin da ya fi shiga cikin al'amarin shi ne Manufacturing Consent na Edward Herman da Noam Chomsky, na 1988. Sun lissafa matakai biyar da labari ke ratsawa kafin ya iso kunne, kamar garin da ake tankaɗewa a rariya: wa ya mallaki kafar, wa ke ba ta talla, a bakin wa take samun labari, wane martani take tsoro, wace aƙida ce ta mamaye zamanin. Sun kuma ƙirga yadda manyan jaridun Amurka suka cika shafuka da kisan wani limamin coci a Folan, Jerzy Popieluszko, a 1984, saboda gwamnatin kwaminis ce ta kashe shi, alhali malaman coci da dama da aka hallaka a ƙasashen Latin Amurka masu ƙawance da Amurka ba su samu irin wannan kulawa ba. Duk wanda ya san aikin jarida a Arewa zai gane waɗannan matakai ba tare da an yi masa dogon bayani ba. Gidan rediyon jiha albashinsa daga gwamnati yake fitowa. Gidan rediyo mai zaman kansa yana rayuwa da sayar da fili, shi ya sa sojojin baka ke cika dare da yabon ubangida da sukar abokin hamayya, mai saurare kuwa ba kullum yake rarrabe filin da aka biya da labarin da aka bincika ba. Wakili yana zaune a Dutse, kuɗin mota zuwa ƙauyen da ke bayan Gwaram ya fi abin da za a biya shi a kan rahoton, sai ya buga wa kakakin ƴan sanda ko jami'in yaɗa labarai waya, abin da suka faɗa shi ne labari. Babu wanda ya zauna ya ƙulla makirci a nan, tsarin aikin ne ke karkatar da labari zuwa ga mai kuɗi da mai ofis.

A duba lokutan da wannan yanki ya shiga manyan kanun labarai na ƙasa. A watan Agustan 2021 ruwa ya karya gada a kan hanyar Gwaram zuwa Basirka, mota ta afka, mutum 21 suka rasu. A Oktoban 2024 tankar mai ta fashe a Majiya, cikin ƙaramar hukumar Taura, fiye da mutum 150 suka riga mu gidan gaskiya. Waɗannan labarai ne na gaskiya, wajibi ne a bayar da su. Sai dai tambayoyin da ke biyo baya, yaushe aka duba lafiyar gadar, wa aka ɗora wa alhakin gyara, me ya samu iyalan mamatan, su ne ke buƙatar wakili ya koma bayan wata shida, kuma su ne aka fi bari. A ɗaya gefen, buhunan riɗi da hatsin da ke fita daga kasuwar Sara, da marasa lafiyar da ke tururuwa Asibitin Tarayya na Birnin Kudu daga maƙwabtan jihohi, da zanen mutanen da na kan Dutsen Habude da Dutsen Mesa, ba kasafai suke zama labari ba. Edward Said ya yi bayanin irin wannan a littafinsa Covering Islam na 1981, bayan juyin juya halin Iran na 1979: in ba a nuna al'umma sai ranar tashin hankali, mai kallo daga nesa zai ɗauka tashin hankali ne halinta. Abin da ya fi damuna shi ne matashin Unguwar 'Ya ma yana jin wannan siffa, har ya yarda cewa babu abin kirki a garinsu sai a Kano ko Abuja.

Wasu za su ce matsalar jaridun Legas ce, maganinta kuwa Arewa ta mallaki nata. Tarihi ya ba su wani ɓangare na gaskiya. Jaridun Nijeriya da siyasa aka haife su: Azikiwe ya kafa West African Pilot a 1937, Awolowo ya kafa Nigerian Tribune a 1949, gwamnatin Sardauna ta fito da New Nigerian a Kaduna ranar 1 ga Janairun 1966 don Arewa ta samu bakin magana. Ita kanta Gaskiya Ta Fi Kwabo, da ta fara fita a Zariya a 1939 da Abubakar Imam a matsayin edita, gwamnatin mulkin mallaka ce ta kafa ta, kuma ta fuskar Ingila ta ba da labarin yaƙin duniya na biyu. Haka ƙasashe masu tasowa suka koka a rahoton MacBride na hukumar UNESCO a 1980, cewa labari daga ƙasashe masu arziki yake gangarowa kawai. Amma mallakar kafa a Kaduna ko Kano ba ta kawar da nisan da ke tsakanin birni da ƙauye ba. Yadda Legas ke yi wa Arewa kallon nesa, haka Kano ke yi wa Dutse, haka Dutse ke yi wa Basirka.

Akwai kuma masu cewa ana raina wa mai saurare hankali, domin Bahaushe ya ƙware wajen murɗa rediyo. Tun da BBC ta buɗe sashen Hausa a 1957, Muryar Jamus ta biyo a 1963, Muryar Amurka a 1979, Faransa a 2007, ya saba jin labari ɗaya a tashoshi uku kafin ya gaskata. Wannan hujja tana da nauyi, har Paul Lazarsfeld da abokan aikinsa sun nuna a littafin The People's Choice na 1944 cewa mutane sun fi bin ra'ayin wanda suka amince da shi a unguwa fiye da na jarida. Liman da dagaci da malamin makaranta suna tace labari kafin ya zauna a zukata. To amma kwatanta tashoshi yana kama wanda ya yi ƙarya ne kawai. In duk tashoshin sun yi shiru a kan takin zamanin da bai iso ba, babu abin da za a kwatanta, shi ma liman daga rediyon nan yake ji.

Wayar hannu ta rage wannan shiru, gaskiya ne. Yau saurayi zai ɗauki hoton ajin da rufinsa ya yaye ya sa a Facebook, kafin la'asar ya isa Dutse. Sai dai Facebook da TikTok su ma da talla suke ci, suna tura abin da ke tayar da hankali gaba, saƙon murya na WhatsApp kuwa ba a san wanda ya fara shi ba, balle a tuhume shi. Ƴan siyasa sun riga sun ɗauki matasa aikin yabo da zagi a can.

Littattafan nan duka da Turanci aka rubuta su, ana karantar da su a sassan koyon aikin jarida irin na Jami'ar Bayero ta Kano, alhali wanda ya fi buƙatar abin da ke cikinsu yana bakin teburin mai shayi. Ya kamata malaman jami'a da gidajen rediyon Dutse su ware fili na mako-mako da Hausa, a ɗauko labari ɗaya da aka bayar a makon, a bi diddiginsa a gaban jama'a: wa ya faɗa, wa ya biya kuɗin filin, wa abin ya shafa amma ba a ji ta bakinsa ba. Hukumar NBC mai sa ido a kan gidajen rediyo kuma ta tsaya tsayin daka a riƙa sanar da duk shirin siyasa da aka saya, a farkonsa da ƙarshensa, da sunan wanda ya ɗauki nauyinsa.