Kallon Kokawa a Ƙasar Kabi: Abin da Baƙo Yake Gani da Abin da Yake Wuce Shi

Gabatarwa

Daga cikin wasannin gargajiya na Bahaushe, kokawa tana cikin waɗanda suka fi saurin shiga idon baƙo, domin a ganinsa ba ta bukatar tafinta: ƙarti biyu ne suka kama juna, ɗaya ya kai ɗan'uwansa ƙasa, jama'a suka ɗauki sowa. Wannan sauƙin gani kuwa shi ne yake ruɗin mutane da yawa, har su tashi daga fage suna zaton sun ga kokawa, alhali kaye kawai suka gani. Maƙasudin wannan maƙala shi ne a bayyana yadda kallon kokawa yake a ƙasar Kabi, musamman ga matafiyin da ya zo bikin kamun kifi na Argungu, sa'an nan a kwatanta shi da yadda mutanen Japan suke nuna wa baƙi tasu kokawar da ake kira sumo.

Kokawa a gida

Kafin a yi zancen biki, ya kamata mai karatu ya san inda kokawa ta fito. A garuruwan da suke bakin fadamar gulbin Rima, irin su Gulma da ƙauyukan da suke kewaye da ita a ƙasar Argungu, kokawa wasan manoma ce, kamar yadda aka san dambe da mahauta. Lokacinta kuwa kaka, watau bayan an kau da gero da dawa, ciki ya cika, jiki ya huta da fartanya. Samarin wani gari sukan gayyaci na wani gari, a share fage mai yashi, a kewaye shi, makaɗa su zauna a gefe guda. Yara ƙanana ake fara sakawa, sa'an nan matasa, manyan 'yan kokawa kuwa sai wasa ya yi nisa suke tashi. Sakkwatawa da Kabawa da mutanen Nijar sukan ce "kokowa", amma abin ɗaya ne.

A irin wannan fage babu wanda yake baƙo ga abin da ake yi. Kowa ya san wane ɗan wane ne, ya san ubansa ya taɓa kayar da wane, ya kuma san bashin kayen da ke tsakanin wannan gari da wancan tun bara ko bara waccan. Saboda haka idan makaɗi ya saki taken wani ɗan kokawa, ba sai an ambaci suna ba, tsofaffi sun riga sun gyara zama. Ɗan kokawar zai tashi yana tsuma, ya taka rawa zuwa gaban makaɗa, ya ɗaga hannu a tsayar da kiɗa, sa'an nan ya yi kirari. A cikin kirarin nan yake faɗin asalinsa da garinsa da ubangidansa, ya lissafa waɗanda ya kayar, ya yi wa abokin karonsa habaici ba tare da ya kama suna ba. Wanda habaicin ya shafa ya san kansa, kuma idan bai tashi ya mayar da martani ba, ana iya cewa ya sha rabin kaye tun yana zaune.

Haka nan shirin jiki. Akwai walki ko bante, akwai layu da guraye da kambuna da ake ɗaurawa a damtse da ƙugu, akwai abin sha da abin shafawa. Wasu don tsari ne, wasu kuwa, kamar sagau, an ɗauka suna kashe gaɓɓan abokin karo. Ko mutum ya yarda da tasirinsu ko bai yarda ba, suna da aiki a fage: wanda ya ga abokin karonsa yana zuba wani abu a ƙasa yana takawa, zuciyarsa ba za ta zauna daidai ba, faɗuwar gaba kuwa asarar namiji ce.

Kamun kansa ba ya daɗewa. Sukan sunkuya suna zagaya juna, kowa yana neman hannun ɗan'uwansa ko wuyansa, yana kuma tsare ƙafarsa, domin wanda aka kama wa cinya ya shiga uku. Daga nan sai taɗiya, ko sarƙe ƙafa, ko a rungumi ƙugu a ɗaga mutum sama a maka shi da ƙasa. A fagage da yawa ba sai gadon baya ya taɓa ƙasa ba, durƙusawa ko dafa ƙasa ma kaye ne. Idan an daɗe babu wanda ya yi rinjaye, sai a raba su, a ce an yi kunnen doki.

Kokawa a biki

Bikin Argungu ya samo asali ne a 1934, lokacin da Sarkin Musulmi Hassan ɗan Mu'azu ya kai ziyara Argungu a zamanin Sarkin Kabi Muhammadu Sama, aka yi masa su a matsayin karramawa, bayan tsohuwar gabar da ta daɗe tsakanin Kabi da Sakkwato tun zamanin jihadi. Bikin ya ƙara ɗaukaka a 1970, sa'ad da Janar Yakubu Gowon da Shugaba Diori Hamani na Nijar suka halarta. A 2016 hukumar UNESCO ta sa shi cikin jerin al'adun duniya da ya kamata a adana, kuma kokawa da dambe suna cikin abubuwan da aka ambata tare da su da kabanci. An yi kusan shekara goma ba a yi bikin ba, kafin a dawo da shi a watan Maris na 2020.

Baƙon da ya zo daga nesa yakan sauka Birnin Kebbi ko Sakkwato, a ɗauko shi a mota zuwa Argungu, wadda take kimanin kilomita 50 daga Birnin Kebbi. Ɗan jagora zai kai shi gidan tarihi na Kanta, ya kai shi bakin Matan Fada ya ga kabanci, watau tseren kwalekwale da nutso da kamun agwagwar ruwa, kafin babbar ranar da dubban masunta suke faɗawa ruwa da homa da gora. A tsakanin waɗannan ake ratsawa da shi fagen kokawa. To, a nan gizo yake saƙar. Kokawar biki tana da jadawali da alƙalin wasa da lasifika da kyaututtuka, ga kuma manyan baƙi da ake jira ko ake sauri a sallama. Abin da ake fara ragewa idan lokaci ya ƙure shi ne take da kirari, domin su ne suke cin lokaci, kuma su ne ɗan jagora ba ya iya juya wa baƙo zuwa wani harshe. Sau da yawa shi kansa ɗan jagorar ɗan birni ne, bai fi baƙon nasa sanin wanda ake yi wa habaici ba. Hausawa sun ce baƙo ko da ido makaho ne, ina kuma ga wanda jagoransa ma lalube yake yi.

Yadda Japanawa suke yi

Sumo ta yi kama da kokawarmu fiye da yadda ƙibar 'yan wasanta take nunawa. Ba a raba su bisa nauyin jiki. Wanda wani sashe na jikinsa, ban da tafin ƙafa, ya taɓa ƙasa ya faɗi, haka nan wanda aka tura wajen da'ira, wadda faɗinta mita 4.55 ne, an kewaye ta da dammunan karan shinkafa a kan dandamalin yumɓu. Wannan doka ta fitarwa waje ce babban bambanci, domin a fagenmu na ƙauye 'yan kallo ne iyaka, idan an turo su sai su matsa. Tun 1958 ake yin manyan gasa shida a shekara, kowace ta kwana 15: uku a Tokiyo, a Janairu da Mayu da Satumba, sai Osaka a Maris, Nagoya a Yuli, Fukuwoka a Nuwamba.

Abin lura ga mai nazarin al'ada shi ne rabon lokaci. A babban aji, shirin karo ɗaya yana iya kai minti huɗu, karon kansa kuwa sau da yawa daƙiƙa kaɗan ne. A cikin mintocin nan ɗan wasa yana kurkure baki da ruwa, yana watsa gishiri don tsarkake fage bisa al'adar addinin Shinto, yana ɗaga ƙafa yana buga ta da ƙasa, ya durƙusa ya kafa wa abokin karonsa ido, ya tashi ya koma. Akwai mai kiran suna da murya mai rausaya, akwai alƙali cikin tufafin fadawan dā. Japanawa sun ƙayyade tsawon wannan shiri tun lokacin da aka fara watsa wasan a rediyo a 1928, amma ba su jefar da shi ba. Maimakon haka, matafiyin da ya sayi tikiti tare da ɗan jagora a zauren Kokugikan na Tokiyo, ana ba shi takardar sunayen masu karawa da matsayin kowa, a gaya masa ma'anar gishiri da ta kiran suna, a kuma faɗa masa sunan dabarar da aka yi kaye da ita, domin hukumar wasan ta lissafa dabarun kaye 82, kowace da sunanta, kuma ana shelanta ta bayan kowane karo. Baƙon bai iya Japananci ba, amma yana fita ya san abin da ya kalla.

Ba sai an je Japan ba ma kafin a ga cewa filin zamani yana iya ɗaukar kayan gargajiya. Maƙwabtanmu na Nijar sun kafa gasar kokowa ta ƙasa tun 1975, aka fara a Tawa, Kantu na Maraɗi ya zama sarki na farko. Jihohi takwas suke karawa, kowace da 'yan kokowa goma, wanda ya yi nasara a ba shi takobi a naɗa masa rawani. Duk da rediyo da talabijin, makaɗa da mawaƙa da masu ban dariya suna nan a fage, kirari kuma yana da wurinsa. Jihar Doso, wadda ta fitar da gwanaye irin su Isaka Isaka, iyaka ɗaya take da Kebbi, kuma Arawan da suke wancan gefe 'yan'uwan na wannan gefe ne.

Aikin da ke gaban manazarta

A ra'ayin mai wannan rubutu, abin da kokawar Kabi ta rasa ba ƙarti ba ne, suna nan a kowane gari na fadama. Abin da ya yi ƙaranci shi ne rubutaccen bayani da ɗan jagora zai riƙa. Sunayen kamu da na kaye sun bambanta daga gari zuwa gari, kuma yawancinsu a bakin tsofaffin 'yan kokawa da makaɗa suke. Take kuwa a ganga yake, idan makaɗin ya rasu bai koya wa ɗansa ba, ya tafi da shi. Ɗaliban sashen Hausa da suke neman abin rubuta kundi, musamman 'yan asalin yankin da suke karatu a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ta Sakkwato da Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi, suna iya ɗaukar gari guda, alal misali Gulma, su zauna da tsofaffinsa a lokacin kaka, su naɗi kirari da take, su rubuta sunan kowane kamu da yadda ake yin sa da wanda ya shahara da shi. Daga irin wannan tattarawa ne za a iya fitar da 'yar takarda mai shafi biyu ko uku, da Hausa da Ingilishi da Faransanci, wadda za a miƙa wa baƙo a ƙofar fage, a kuma bai wa mai lasifika ya riƙa faɗin sunan kayen da aka yi kafin a kira karo na gaba.