Lambar da ake ba guba: daga kasuwar Roxy zuwa asibitin Treichville

 Shirinmu na yau ya yada zango a Abijan, a unguwar Treichville, inda 'yan'uwanmu Hausawa na Nijar da Najeriya suka daɗe suna neman halaliyarsu: masu tsire, masu sayar da abincin garba, 'yan tebur da 'yan dako. A wannan unguwa babban asibitin koyarwa yake, wanda mutanen gari ke kira CHU. Zancenmu kuwa a kan wani aiki ne da majinyaci ba ya gani, wato sanya wa ciwo lamba.

Duk abin da ya kwantar da mutum a asibiti yana da lambarsa a wani kundi na Hukumar Lafiya ta Duniya, wanda masu Faransanci ke ce wa CIM. An amince da bugu na 10 a 1990, na 11 ya fara aiki a 2022, amma har yau na 10 ne a hannun asibitoci da yawa. Da waɗannan lambobi ƙasa take sanin me ke kwantar da mutanenta, me kuma ke kashe su.

Gubar magungunan da ke taɓa ƙwaƙwalwa da jijiyoyi tana ƙarƙashin harafin T. Dangin kodin da tiramol suna T40: kodin T40.2, tiramol T40.4. Magungunan barci da na farfaɗiya suna T42, a nan diyazefam da Rivotril suka faɗo. T43 na magungunan taɓin hankali ne, T44 kuma na masu taɓa jijiyoyin da ke aiki ba da umarninmu ba, masu kula da bugun zuciya da gumi da motsin hanji. Akwai lamba ta biyu da ke faɗin yadda abin ya auku. Yaron da ya tsinci ƙwayar kakarsa ya haɗiye yana tsakanin X40 da X49. Wanda ya sha da niyyar halaka kansa yana tsakanin X60 da X69. In an kasa tantancewa, sai a koma Y10 zuwa Y19.

To, mu haye gada mu nufi Adjamé. A can, kasuwar Roxy ta yi suna wajen sayar da magani a kan tebur da cikin daro, ba takardar likita, ba tambaya. A 2023 sunan Kadhafi ya cika bakin matasan Abijan: ƙwaya ce ake korawa da lemon ƙara kuzari mai barasa, har gwamnati ta dakatar da shigo da irin wannan lemo a shekarar. A farkon 2025 binciken BBC ya nuna cewa wasu ƙwayoyin da ake shigowa da su Afirka ta Yamma daga Indiya haɗi ne na tapentadol da carisoprodol, daga baya Indiya ta haramta wannan haɗi. Wato abin da yaron mota ya saya da sunan tiramol, mai yiwuwa babu tiramol ko ɗigo a cikinsa.

Nan wahalar take. Babu Kadhafi a cikin kundi, sunan sinadari kawai kundi ya sani. Saurayi ɗaya da aka kawo ranga-ranga zai iya buƙatar lamba uku: ta T40 saboda tapentadol mai kashe zafi, T42.8 saboda carisoprodol mai sake tsoka, T51 saboda barasa. In ba wanda ya faɗi abin da ya sha, ba kuma gwajin da ya nuna, sai a rubuta T50.9, ma'ana wani magani da ba a fayyace ba. In irin wannan lamba ta yi yawa a rahoton shekara, mai tsara kasafi ba zai ga tiramol ba, ballantana ya ware kuɗin maganinsa.

Ni a ganina, rabin wannan aiki a hannunmu yake. Uba ya kawo ɗansa, kunya ta hana shi magana, ya ce zazzaɓi ne ko iska. Abokan da suka san gaskiya sun ajiye shi a ƙofa sun watse don tsoron 'yan sanda. Ina jin nauyin da ke zuciyar wannan uba, wallahi ina ji. Amma ɓoye wa likita ba rufin asiri ba ne. Allurar naloxone tana farfaɗo da numfashin wanda dangin kodin suka danne, sai dai ba ta taɓa barasa, ba ta taɓa carisoprodol. Tiramol kuma yana sa jijjiga irin ta farfaɗiya, wadda maganinta daban ne. Likitan da bai san me aka sha ba yana lalube ne, numfashin yaro kuwa yana raguwa.

Akwai wasu da lissafi na gaskiya zai amfana: masu sikila da masu ciwon daji, waɗanda tiramol na asibiti ke rage wa azaba. In lambobi suka bambance ƙwayar tebur da maganin likita, hukuma za ta san inda za ta matsa ba tare da ta hana su nasu ba.

Saboda haka in abin ya faru a gidanku, Allah ya kiyaye, kada a ɗura masa madara ko manja, kada a sa shi amai. A kwantar da shi ta gefe, a gaggauta zuwa asibiti. A laluba aljihunsa a ɗauko ledar ƙwayar, ko da babu komai a ciki, da kwalbar abin da ya kora da shi. A gaya wa likita ƙarfe nawa ya sha, guda nawa, da kuma ko ya saba sha.