Littattafan Ban Dariya: Madubi Ne Ga Gidajenmu

Babu gidan da ba shi da nasa ƙananan wahaloli. Kuɗin cefane ya ƙare tun wata bai raba tsaka ba. Baƙo ya zo kwana biyu, ga shi yau mako uku bai ambaci tafiya ba. Famfo ya ƙafe, wuta ta ɗauke ana cikin guga, akuyar maƙwabci ta cinye shanya, mai bin bashi kuma ya tare ƙofa tun da asuba. Ba ko ɗaya cikin waɗannan da ya isa ya kashe mutum, amma in sun taru su kan ɗaure wa maigida fuska, su rage wa uwargida haƙuri, yara kuwa su riƙa tafiya da sanɗa a cikin gidan ubansu.

Akwai marubuta da suka ɗauki irin waɗannan wahaloli suka mai da su abin dariya cikin littattafai. Waɗansu 'yan'uwa su kan yi shakka ko ya dace mai bi ya ɓata lokacinsa a kan irinsu, tun da ga wa'azi ga littattafan ibada. Mu dai a ganinmu littafin ban dariya na kirki madubi ne. Amfaninsa yana wurin wanda ya duba ya ga fuskarsa a ciki. Wanda ya ɗaga shi domin ya haska maƙwabcinsa kuwa, ya yi hasarar kuɗin saye.

Daga Gizo zuwa Malam Zurƙe

Tun kafin boko ya zo, kakanninmu sun san wannan hanya. Tatsuniyar Gizo da Ƙoƙi ba kome ba ce sai labarin miji mai ƙwaɗayi da wayon banza, da mace mai haƙuri wadda kullum ita ke kwashe ɓarnar da ya yi. Yara su yi ta dariyar Gizo, amma kowace uwa da ke ba da tatsuniyar ta san wanda ta ke nufi.

A cikin 1933 aka yi gasar rubuta littattafan hira da Hausa, wadda Rupert East na ofishin talifi a Zariya ya shirya. Cikin littattafan da suka fito daga gasar akwai Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, mutumin Kagara, wanda daga baya ya zama editan Gaskiya Ta Fi Kwabo da aka fara bugawa a 1939. Labarin na neman wani ruwa ne da zai warkar da ɗan sarki, amma abin da masu karatu ba su mantawa shi ne karon Alhaji Imam da Malam Zurƙe. Duk garin da suka gamu sai ɗaya ya haƙa wa ɗaya rami, wanda aka cuta kuma ya tafi yana shirin ramuwa. Muna dariya, amma wane ne cikinmu bai san maƙwabta biyu ko 'yan ɗaki ɗaya da suka shekara goma suna irin wannan ba? Littafin yana tuna mana da maganar mutanen da, cewa in za ka gina ramin mugunta ka gina shi gajere.

Magana Jari Ce, wanda ya fara fitowa a 1937, ya fi shiga cikin gida. Dubi Kalala da matarsa Kalalatu. An gayyato baƙo, an soya kaji biyu, uwargida ta ɗanɗana, ta sake ɗanɗanawa, har kaji suka ƙare. Da baƙo ya iso sai ta tsorata shi da cewa wuƙar da mijinta ke wasawa dominsa ce, ta juya ta gaya wa miji baƙo ya gudu da kaji. Sai ga maigida a guje da wuƙa a hannu yana roƙon a bar masa ko da ɗaya, baƙo kuwa yana ƙara mai. Ƙwaɗayi mabuɗin wahala, ƙarya ɗaya kuma ba ta tsayawa sai ta haifi 'yar'uwarta. Ga kuma Sahoro da Sahorama, ragwaye biyu da suka auri juna, kowa yana sa ran ɗayan zai ɗauke masa kiwo. Saurayi ko budurwa da ke neman aure domin a ɗauke masa nauyi, ya kamata ya karanta labarinsu sau biyu.

Wasannin da suka leƙa tsakar gida

Bayan wannan sai marubutan wasan kwaikwayo suka ɗauka. Shu'aibu Maƙarfi ya rubuta Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu wajen lokacin samun mulkin kai. Jatau attajiri ne da ya ga karuwa idonsa ya rufe, ya wulakanta iyalinsa dominta, bai farga ba sai da dukiya ta kama gabanta. Uwar Gulma na Mohammed Sada, wanda ya fito a 1968, labarin Hayatu ne da matarsa Halima. Miji yana yawon dare, gida babu abinci, in ta yi magana ta sha duka, masu kai da kawowa kuma suna ƙara wa wutar itace har auren ya kai gaban alƙali. A 1979 Umaru Ɗanjuma Katsina ya fito da Kulɓa Na Ɓarna, a kan mai kuɗin da ke ruɗin 'yar makaranta da abin hannunsa.

A cikin waɗannan wasanni dariya da hawaye tafiya ɗaya su ke yi. Mai karatu ya kan ƙyalƙyale da dariya a shafi na goma, a shafi na talatin kuwa ya yi shiru, gama ya gane gidan da a ke magana a kai. Marubutan nan Musulmi ne, gidajen da suka zana kuma na Musulmi ne, amma kada wannan ya sa mu ce ba da mu a ke ba. Rowa da gulma da yawon dare ba su tambayar mutum addininsa kafin su shiga gidansa. Akwai Hayatu da ke zuwa sujada ran Lahadi da Littafi a hammata, akwai kuma Uwar Gulma da ba ta fashin taron zumuntar mata.

Abin da aka rubuta da Turanci

Ga waɗanda ke karanta Turanci, akwai ɗan littafin Peter Enahoro, ɗan jaridar Daily Times ta Ikko, mai suna How to Be a Nigerian, watau yadda mutum zai zama ɗan Nijeriya, na 1966. A ciki ya yi wa halayenmu tsiya ɗaya bayan ɗaya: son hayaniya, da cin hanci da a ke kira kyauta, da shugaban taro wanda in ya kama magana ba ya saki. Duk wanda ya taɓa zama a bikin aure ko taron godiya, abinci yana hucewa shugaban taro yana kan gabatarwa, zai ce da shi aka rubuta.

A Amurka kuma wata matar aure mai suna Erma Bombeck ta fara rubuta wa jaridu labarin wanki da girki da rigimar yara, daga 1965 har zuwa rasuwarta a 1996. Ɗaruruwan jaridu suka riƙa ɗauka, aka kuma tara rubutun cikin littattafai. Mata da yawa da ke zaton su kaɗai ne aikin gida ya fi ƙarfinsu, sai suka ga ashe haka abin ya ke a kowane gida. Wannan ma taimako ne. Wahalar da mutum ya san ba shi kaɗai ke shanta ba, ta kan yi sauƙin ɗauka.

Wanda ya fi taɓa mu kai tsaye shi ne wasan Wole Soyinka, The Trials of Brother Jero, da aka fara nunawa a Badun a 1960. Jero annabin ƙarya ne a bakin teku a Ikko, wanda ke duban masu binsa kamar yadda ɗan kasuwa ke duban masu ciniki. Yana da wani almajiri, Chume, da ke roƙon izinin dukan matarsa. Jero ya hana shi, ba domin tsoron Allah ba, sai domin ya san ran da mutumin ya huce ba zai ƙara zuwa ba. Da ya gane cewa matar ita ce mai binsa bashin riga, nan take ya ce an ba da izini. Waɗansu su kan ji haushin wasan, su ce an ci mutuncin masu aikin Allah. Amma an fi shekara sittin da rubuta shi, har yanzu kuwa muna ganin masu sayar da annabci da ruwan addu'a suna cinye kuɗin makarantar 'ya'yan gwauraye. Ubangijinmu da kansa ya gargaɗe mu a kan kyarketai masu zuwa da fatar tumaki a Matiyu 7:15. In marubuci ya nuna mana wutsiyar da ta leƙo, godiya ta kamace shi.

Littafi Mai Tsarki ma yana da irin wannan

Wanda ya ce dariya ba ta cikin ibada, ya buɗe Farawa 21. Sunan Ishaku ma'anarsa dariya, gama Saratu ta haifu cikin tsufa ta ce Allah ne ya sa ta dariya. Mai-Wa'azi 3:4 ya ba kuka lokacinsa, ya ba dariya nata. Karin Magana 17:22 ta kwatanta zuciya mai fara'a da magani.

Har zambo ma yana nan. Karin Magana 26 ta zana mana rago yana juyi a gado kamar ƙofa a kan maƙallinta, yana cewa ba zai fita ba domin akwai zaki a hanya, ya sa hannu a akushi amma ɗagowa zuwa baki ta gagare shi. Sahoro ke nan sak. Ishaya 44 ya nuna mutumin da ya sare itace, ya hura wuta da rabi ya gasa nama ya ji ɗumi, sauran rabin kuma ya sassaƙa ya durƙusa masa. Yesu kuwa ya yi maganar mai gungume a idonsa da ke ƙoƙarin cire wa ɗan'uwansa ɗan hakin da ke nasa, da kuma masu tace sauro daga abin sha su haɗiye raƙumi. Mun saba jin waɗannan da fuskar ibada har mun daina ganin hoton. Tsaya ka zana raƙumin nan yana wucewa ta maƙogwaro, da tozo da ƙafafu, ka gani ko ba za ka murmusa ba.

Dalilin da ya sa wannan hanya ke aiki a fili ya ke. In aka fuskanci mutum da laifinsa kai tsaye, sai ya ja garkuwa. In aka ba shi labarin wani, ya kan ajiye garkuwar ya yanke hukunci da bakinsa, kamar yadda Dawuda ya yi da annabi Natan ya kawo masa labarin 'yar tunkiyar matalauci a 2 Sama'ila 12. Sai bayan ya yanke ne ya ga ashe kansa ya yanke wa.

Dariyar da ba ta dace ba

Ba kowane abin dariya ne ya cancanci shiga gidan mai bi ba. Akwai raha, akwai kuma ba'a. Al'adarmu ta san wannan bambanci. Wasan taubasai, da na jika da kaka, da na Fulani da Barebari, duka suna da iyaka, kuma a kan tashi ana ƙaunar juna. Ba'a kuwa ita ce wadda a ke tashi wani yana share hawaye.

Ga tambayoyi uku da iyaye za su auna littafi da su, haka kuma wasan talabijin ko abin da yara ke kallo a waya. Na fari, wa a ke yi wa dariya? In mai girman kai ne, ko marowaci, ko munafuki, to. In kuwa gurgu ne, ko mai i'ina, ko matalauci saboda talaucinsa, Karin Magana 17:5 ta ce wanda ya yi haka Mahaliccin mutumin ya zaga. Na biyu, me a ke yi wa dariya, hali ko halitta? Hali mutum yana iya sakewa, amma ƙabilarsa da kamanninsa ba shi ya zaɓa ba. A ƙasa irin tamu, inda magana ɗaya kan ta da unguwa, littafin da ke mai da wata ƙabila ko wani addini abin dariya ba wasa ya ke yi ba. Na uku, bayan an rufe littafin, zunubin ya zama abin ƙyama ko abin sha'awa? Afisawa 5:4 ta hana mu maganar batsa da wasan banza, ko da sun iya ba da dariya.

A karanta tare

Shawararmu ita ce a mai da irin wannan karatu na iyali. Bayan tuwon dare, kafin addu'a, a ba yaro ɗaya ya karanta labari ɗaya da ƙarfi. In wasan kwaikwayo ne a raba wa kowa nasa, maigida ma ya karɓi nasa, ko da na Hayatu ne. Yaran da ke jin Turanci fiye da Hausa za su ƙaru da harshen iyayensu ta wannan hanya. Matasan ikkilisiya kuma suna iya koyon yadda a ke shirya wasa mai ma'ana domin Kirsimati ko taron matasa.

Doka ɗaya dai a kiyaye. In an gama, kada kowa ya ce wannan halin wane ne. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani. Bari kowa ya faɗi inda labarin ya taɓa shi, babba ya fara. Uban da ya iya cewa a gaban 'ya'yansa shi ma ya taɓa yin wayon Gizo, ya koya musu tuba fiye da bulala goma. Yakubu 1:23-24 ta yi maganar mutumin da ya dubi fuskarsa a madubi ya tafi, nan da nan ya manta kamanninsa. Allah ya ba mu alherin yin dariya, ya kuma ba mu alherin gyara abin da muka gani.