Laifin Raina Kotu da Biyayyar Ma'aikatan Hukuma ga Umurnin Shari'a

Alƙali ba ya riƙe da bindiga, ba ya riƙe da mabuɗin kurkuku. Duka biyun suna hannun hukuma. Saboda haka idan hukumar da kanta ce aka yi wa umurni ta ƙi bi, lalle shari'a ta shiga wani hali. Maganin da doka ta tanada domin wannan shi ne tuhumar raina kotu.

Raina kotu iri biyu ne. Akwai wanda ake yi a gaban alƙali, kamar zagi ko tayar da hargitsi a zauren shari'a. Akwai kuma ƙin bin umurnin da kotu ta bayar, wanda shi ne ya fi shafar ma'aikata. A Nijeriya sashe na 287 na Tsarin Mulkin 1999 ya wajabta wa kowace hukuma da kowane mutum zartar da hukuncin manyan kotuna. Wanda aka ƙi bai wa haƙƙinsa yakan sa a kai wa ma'aikacin takardar gargaɗi, watau Fom na 48. In ya yi kunnen ƙashi, sai a bi shi da Fom na 49, ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Manufar ɗaurin kuwa ita ce tilasta biyayya, shi ya sa wanda ya cika umurni yake iya neman a sake shi.

Shari'ar Ojukwu ita ce babban misali. A 1985 gwamnatin soja ta Jihar Legas ta tura masu ɗauke da makamai suka fitar da Odumegwu Ojukwu daga wani gida a Ikoyi, alhali magana tana gaban kotu. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a mayar da shi, gwamnati ta ƙi, ta garzaya Kotun Ƙoli. A Fabrairun 1986 Kotun Ƙoli ta ƙi biya mata bukata, bisa hujjar cewa wanda ya take umurnin kotu ba shi da bakin neman alfarmarta. Haka nan a Ingila, a 1993, kotun ƙolin ƙasar ta tabbatar da laifin raina kotu a kan ofishin Ministan Harkokin Cikin Gida, saboda an ƙi dawo da wani mai neman mafaka ɗan Zaire da aka kora, duk da umurnin alƙali.

Amma yanke hukunci daban, zartarwa daban. A Nuwamban 2022 Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta yanke wa Sufeto Janar na 'Yan Sanda, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata 3 kan ƙin mayar da wani ɗan sanda bakin aikinsa. Nan take aka shiga tambaya, wa zai kama shugaban masu kamu? Daga baya kotun ta janye hukuncin, bai kwana a kurkuku ba.

Abin lura ga ma'aikaci shi ne, kariyar sashe na 308 ta tsaya ga Shugaban Ƙasa da gwamnoni da mataimakansu. Babban sakatare ko darakta ba ya cikinta, kuma cewa “daga sama aka umurce ni” ba ta zama hujja. Wanda yake ganin alƙali ya yi kuskure, hanyarsa ita ce ɗaukaka ƙara tare da roƙon a dakatar da zartarwa. Muddin ba a sami wannan ba, umurni yana nan daram, bin sa kuwa wajibi ne.