Kwan fitilar mota: Abin da ya kamata direba ya duba kafin ya saya

Daga watan Oktoba, idan aka fara yankan riɗi sannan girbin dawa ya biyo baya, hanyar da ta tashi daga Sinnar ta bi ta Sinja da Abu Na'ama zuwa Damazin ba ta barci. Manyan motoci masu ɗauke da buhuna, da taraktoci masu jan tirela, da amalanken jakuna da ake kira karo, da garkunan makiyaya masu komawa kudu bayan damina, duk kwalta ɗaya suke rabawa cikin dare, kuma da yawansu ba su da ko ɗigon haske a baya.

Motar da ke gudun kilomita 80 a awa tana cin kimanin mita 22 a kowace daƙiƙa. Gajerar fitila mai lafiya tana haska mita 50 zuwa 70 ne a gaba, wato abin da ke tsakanin direba da jakin da ya tsaya a tsakiyar titi bai wuce daƙiƙa uku ba. Idan kwan fitila ya raunana, ko ɗaya ya mutu, wannan ɗan lokacin ma raguwa yake yi.

Ga Hausawan ƙauyukan gaɓar Shuɗin Nilu, daga Mai Wurno zuwa Abu Na'ama, samun kayan gyara ya ƙara wuya tun da yaƙi ya ɓarke a watan Afrilun 2023 ya tarwatsa kasuwannin Khartoum. Ita kanta Sinja ta faɗa hannun dakarun RSF a watan Yunin 2024, kafin sojoji su ƙwato ta a watan Nuwamba na shekarar. A irin wannan hali direba yakan ɗauki duk kwan da ya samu, musamman idan an ce masa ya fi haske. Sai dai kwan da ya dace shi ne wanda aka ƙera fitilar dominsa, ko da akwai wanda ya fi shi ƙyalli a shago.

Lambar da ke gindin kwan

A Sudan ana kiran kwan fitila lamba, a Nijar da Chadi da Kamaru kuma ampul. Ko da wane suna aka tambaye shi, abu uku ake dubawa, kuma duk a rubuce suke a jikin ƙarfen gindinsa: nau'i, da volt, da watt.

Nau'in da ya fi yawa a tsofaffin Hilux da Hiace shi ne H4. Yana da ƙafa uku, kuma zare biyu ne a cikinsa, ɗaya na doguwar fitila mai watt 60, ɗaya na gajera mai watt 55. Shi ya sa mota kan rasa gajerar fitila alhali doguwar tana kamawa: zare ɗaya ne ya tsinke, amma dole a sauya kwan gaba ɗaya. H7 yana da ƙafa biyu da zare ɗaya mai watt 55, kuma motocin da ke amfani da shi suna da kwai daban na doguwar fitila, wani lokaci H1. Akwai kuma H11, da HB3 da HB4 waɗanda ake rubutawa 9005 da 9006 a motocin da aka yi wa kasuwar Amurka.

Kowane nau'i da siffar gindinsa, don kada wani ya shiga gurbin wani. Idan mai gyara ya fara lanƙwasa kunnen kwan ko goge shi da zarto don ya zauna, to ba nasa ba ne. Hanya mafi sauƙi ita ce a cire tsohon a tafi da shi shago. Wasu tsofaffin motoci kuma suna da fitilar da aka rufe ruf, gilashi da madubi da zare duk abu guda, wadda ba a sauya mata kwai sai dai a sayi sabuwa.

Ƙananan motoci na aiki da volt 12, yawancin manyan motoci kuma da 24. Kwan volt 12 a babbar mota nan take yake ƙonewa, na 24 a ƙaramar mota kuma ja yake yi kamar aci-bal-bal. Ganin batir biyu a mota bai isa hujja ba, domin akwai masu batir biyu da ke kan volt 12, akwai kuma wasu tsofaffin Land Cruiser masu dizal da ke kan 24.

Me ya sa kwan watt 100 ke jawo asara?

A shaguna ana samun H4 mai watt 100/90, kuma direbobin dare na son sa. Kwan watt 55 yana jan wutar da ba ta kai amfiya biyar ba, na watt 100 kuma yana jan fiye da takwas. Wayoyin mota da soket da makunnin fitila ba a yi su don wannan nauyin ba. Soket yakan narke, madubin cikin fitila ya dushe saboda zafi, wani lokaci waya ta kama wuta. Idan fis ya riƙa tsinkewa sai wasu su ɗaure shi da zaren waya, alhali shi ne mai gadin da ke hana gobara. Da zarar madubi ya ƙone, ko an koma kwan asali hasken ba zai dawo kamar da ba.

Haka nan kwan da aka shafa wa shuɗi don ya yi kama da na motocin zamani. Shafin yana tare wani ɓangare na hasken ne, don haka abin da ke isa ƙasa ya fi na farin gilashi ƙaranci. A cikin ƙurar habub ko ruwan sama, farin haske mai shuɗi-shuɗi ya fi damun ido fiye da na halojin mai ɗan rawaya.

Batun LED da zenon

An fara amfani da kwan halojin a motocin Turai a 1962 da nau'in H1, sannan zenon ya fito a 1991 a motar BMW. Yanzu LED ne ke yayi, kuma motar da aka ƙera da fitilar LED tun daga masana'anta tana da haske mai kyau da ƙarancin cin batir.

Matsalar tana tasowa ne idan aka cusa kwan LED a fitilar da aka yi wa halojin. An tsara madubin ne don ya tattara haske daga ɗan siririn zare da ke zaune a wuri guda. Idan tushen hasken ya kauce ko da kaɗan, sai ya watsu sama da gefe. Direba zai ga gabansa ya yi fari tas ya ɗauka ya ci riba, alhali nesa ta yi duhu, kuma mai tahowa ya makance na wasu daƙiƙoƙi a kan titin da ba shi da shinge a tsakiya. Jamus ba ta amince da irin wannan kwan a kan titi ba sai a 2020, kuma ga jerin motocin da aka gwada shi a kansu kawai. Ƙari a kan haka, yawancinsu na da ƙaramar fanka a baya, wadda ƙurar hanyoyin gona ke toshewa.

Zenon kuma yana buƙatar fiye da volt 20,000 kafin ya tashi, don haka sauya shi aikin mai gyaran wutar mota ne.

Yadda ake gane na ƙwarai

Sunaye irin su Osram da Philips su ne aka fi kwaikwaya, don haka kwali kaɗai ba shaida ba ne. Kwan da ya cika ƙa'idar Majalisar Ɗinkin Duniya yana ɗauke da harafin E da lamba a cikin da'ira a gindinsa. A duba ko rubutun ya fito sarai, ko zaren yana tsaye a tsakiya, ko gindin bai girgiɗa. A gwada shi a batir kafin a biya, kuma idan H4 ne a gwada zaren biyu.

Yadda ake sauyawa

A kashe mota da fitila, a bari kwan ya huce. Daga cikin bonet, a zare soket daga bayan fitila ba tare da jan waya ba, a cire murfin roba, a saki ƙarfen da ke danne kwan, sannan a fito da shi. Nau'in H11 da HB3 da HB4 murɗa su ake yi zuwa hagu su fito.

Kada a taɓa gilashin sabon kwai da yatsa. Maiƙon hannu yana sa zafi ya taru a wuri ɗaya, gilashin ya yi baƙi ko ya kumbura. A riƙe shi ta gindi ko da tsumma mai tsabta. Kunnuwan gindin hanya ɗaya kawai suke zama, kuma kwan da ya zauna a karkace haskensa ma a karkace zai fita. A mayar da murfin roba da kyau, domin ta nan ƙura da ruwan damina ke shiga su lalata madubi. Idan da hali a sauya biyun tare, tunda shekarunsu ɗaya, a ajiye tsohon mai rai a mota don ɓacin rana.

Saiti da sauran dalilan raunin haske

Bayan sauyawa, a tsayar da mota a fili mai daidai, mita 10 daga bango, a kunna gajerar fitila. A yawancin ƙananan motoci, iyakar hasken a bango ya kamata ta kasance ƙasa da tsayin tsakiyar fitilar da kimanin santimita 10 zuwa 12. Akwai kusoshin saiti a bayan fitila. Idan an labta buhuna a bayan a-kori-kura, gaba yana ɗagawa haske ya tafi sama, don haka motar da ke da madannin saukar da fitila sai a yi amfani da shi.

A Sudan, kamar Nijar da Najeriya da Chadi, dama ake bi, kuma fitilar da ta dace tana ɗaga haske ta ɓangaren dama don a ga gefen titi. Fitilar da aka ciro daga motar Japan ko Ingila ta hagu take ɗagawa, kai tsaye cikin idon mai tahowa, kuma sauya kwai ba ya gyara wannan.

Idan kwai na yawan mutuwa, a sa mai gyaran wuta ya auna abin da dinamo ke bayarwa. Yayin da inji ke aiki, ya kamata ya tsaya tsakanin volt 13.8 da 14.5. Ƙarin kashi biyar cikin ɗari kawai a kan ƙa'ida yana iya raba rayuwar kwan halojin biyu. Idan kuma sabon kwai ya ƙi haske sosai, a duba tsatsa a soket da wayar da ke haɗe da jikin mota, sannan a duba robar gaban fitila, wadda zafin rana ke mayarwa rawaya. Wanke ta da gogewa kan dawo da hasken da direba ke nema a kwan watt 100, ba tare da ya ƙona wayar motarsa ba.